Hular Gashin Doki da Hular Kwano: Wa Ke Ɗaukar Nauyin Dokar Sutura a Wurin Aiki?

Duk wanda ya taɓa shiga zauren Babbar Kotu a ɗaya daga cikin biranen Arewa cikin watan Afrilu, lokacin da zafin bazara ke haura digiri 40, ya ga abin da wannan sharhi zai yi magana a kai. Na taɓa raka wani kawuna zaman shari'ar gona a irin wannan lokaci, aka ɗauke wuta tun kafin alƙali ya shigo, fankokin sama suka tsaya cik. Lauyan da ke tsaye yana gabatar da hujja sanye yake da farar shat mai sandararren wuya, da baƙar kwat, da doguwar baƙar riga a kan kwat ɗin, ga kuma hular gashi a kansa. Gumi na gangarowa daga ƙarƙashin hular yana ɗiga a kan takardun da ke hannunsa, ya sa hankici ya share, ya ci gaba da magana, can kuma ya ɗaga gefen hular da yatsa ɗaya don iska ta shiga, ya mayar da sauri kafin alƙali ya ɗago kai daga rubutu. Babu wanda abin ya ba mamaki a cikin zauren, domin ido ya riga ya saba. A wannan gari, tafiyar 'yan mintoci daga wurin, alƙalin kotun Musulunci yana zaune da rigarsa da rawaninsa yana raba gado, yana yanke hukunci kan aure da bashi, kuma ban taɓa jin wanda ya ce hukuncinsa ya rasa kwarjini saboda ba ya sanye da kayan Ingila ba.

Bahaushe ba ya wasa da tufafi. Kalmar sutura kanta ta fi ƙarfin yadi da ɗinki, tana ɗauke da ma'anar rufin asiri, shi ya sa ake roƙon Allah Ya suturta bawa, kuma ko mamaci sai an yi masa sutura kafin a kai shi makwancinsa. Saboda haka ba na cikin masu cewa mai wurin aiki ba shi da ikon neman ma'aikacinsa ya fito cikin kamala. Ɗan sanda yana bukatar kayan sarki don wanda ke cikin matsala ya gane shi daga nesa. Mai dafa abinci a otal dole ta rufe gashinta. Mai aiki a ƙarƙashin ginin bene dole ya sa hular kwano. Duk waɗannan dokoki ne da idan aka tambayi wanda ya kafa su dalili, zai faɗe shi cikin jimla ɗaya, kuma mai hankali zai gyaɗa kai. Damuwata tana kan sauran dokokin, waɗanda idan ka tambayi dalilinsu amsar ba ta wuce "haka muka tarar" ko "haka ake yi a nan". Abin da na daɗe ina lura da shi kuwa shi ne, a wuraren aikinmu tsananin da ake yi wajen aiwatar da dokar sutura yana bin sawun aljihun da za a taɓa ne. Dokar da ma'aikaci zai biya da kuɗinsa, ko da lafiyar jikinsa, ko da addininsa, ana tsare ta kamar karatun sallah. Wadda kuwa mai kamfani ne zai sa hannu a aljihu, sai a yi ta kau da kai.

Bari mu fara da hular lauyoyin, tunda ita ce ta fi kowacce daɗewa a kanmu. Asalinta ba shi da alaƙa da shari'a. Ado ce ta fadawa da masu hali a Turai cikin ƙarni na 17, ta bunƙasa a fadar Faransa, sannan ta bazu a Ingila bayan da Sarki Charles na Biyu ya hau gadon sarauta a 1660. Lauyoyi da alƙalai sun sa ta ne domin duk wani mai faɗa a ji na wannan zamani yana sa ta. Da yayinta ya wuce wajen ƙarshen ƙarni na 18, jama'ar gari suka ajiye, kotu ta riƙe. Ta ainihi da gashin doki ake saƙa ta, kuma an ƙirƙire ta ne a ƙasar da sanyi ya fi yawa a shekara. Turawan mulkin mallaka suka zo mana da ita tare da tsarin kotunansu, muka karɓi mulkin kai a 1960, muka kafa Makarantar Horas da Lauyoyi tamu a 1962, har ta yi rassa a Bagauda da Yola, amma hular na nan daram. Masu abin kuwa sun daɗe da fara sassautawa. Tun daga watan Oktoba na 2008 alƙalan Ingila da ke sauraron ƙararrakin da ba na laifi ba da na iyali suka daina sa ta, kuma alƙalan Kotun Ƙolin Birtaniya, wadda ta fara aiki a 2009, suna zaman shari'a ne da kayansu na yau da kullum. A Kenya, Willy Mutunga ya yi rantsuwar kama aikin Alƙalin Alƙalai a 2011 ba tare da ita ba. A Malawi, kotun da ke sauraron ƙarar zaɓen shugaban ƙasa a 2019 ta dakatar da sa hula da baƙar riga saboda tsananin zafi, aka ci gaba da shari'a lafiya lau. Ba ma sai mun je nesa ba, lauyan Maraɗi da ya gaji tsarin Faransa baƙar riga kawai yake sawa da ɗan farin ƙyalle a wuya, alhali tsakaninsa da takwaransa na Katsina da ke fama da gashin doki tafiya ce ta 'yan sa'o'i.

Na saurari lauyoyin da ke kare wannan shiga, kuma ba zan ce ba su da abin faɗa ba. Suna cewa tana ƙara wa kotu kwarjini, tana kuma daidaita ɗan talaka da ɗan mai kuɗi, ta yadda alƙali ba zai ga tsadar shaddar wani ya karkata ba. Hujjar daidaiton ita ce mai nauyi a wurina, sai dai baƙar riga mara nauyi kaɗai ta isa ta yi wannan aiki, kuma daidaiton ma bai cika ba, tunda manyan lauyoyi masu lambar SAN rigar siliki suke sawa, su zauna a sahun gaba, a fara kiran ƙararsu. Shi kuwa kwarjini, mutumin da ya shekara bakwai yana zirga-zirga kan shari'ar gonar gado ba ya auna shi da abin da ke kan alƙali, yana auna shi ne da ranar da za a yanke masa hukunci da kuma gaskiyar hukuncin. Sannan akwai batun kuɗi, wanda ba a cika ambata ba. Sabon lauya dole ya sayi hula da riga da abin wuya kafin ya taɓa karɓar albashinsa na farko, kuma a gidaje da yawa iyayen da suka riga suka ƙare a kuɗin makaranta su ne za su sake kutsawa neman wannan.

A cikin wannan tsari ne aka yi abin da ya girgiza ƙasar nan a watan Disamba na 2017. Firdaus Amasa, wadda ta yi karatun lauya a Jami'ar Ilori ta kuma ci jarrabawar Makarantar Horas da Lauyoyi, ta je Babban Ɗakin Taro na Ƙasa da Ƙasa da ke Abuja don a rantsar da ita tare da 'yan ajinta. Ta sa duk abin da aka ce a sa, har da hular gashin, illa dai ta ɗora ta a kan ɗan ƙaramin hijabi da ya rufe gashinta da wuyanta. Aka ce ta cire, ta ƙi, aka hana ta shiga. Shekarun da ta yi tana karatu suka tsaya a bakin ƙofa saboda ƙyallen da bai kai zira'i biyu ba. Abin da ya kamata a tsaya a duba a nan shi ne, babu wanda ya iya nuna wata illa da ƙyallen zai yi wa aikin lauya. Bai rufe fuskarta ba, bai hana a ji muryarta ba, bai hana ta sa rigar da ta daidaita ta da sauran ba. Kafin ita, mata Musulmi da yawa sun tuɓe nasu a bakin wannan ƙofa zuciyarsu na ƙuna, suka yi shiru don kada wahalar iyayensu ta tashi a banza. Bayan watanni ana ce-ce-ku-ce, majalisar manyan alƙalai da lauyoyi da ke da alhakin rantsarwar ta amince da hijabin, aka rantsar da Firdaus a watan Yuli na 2018. Tun daga ranar mata ke shiga da hijabinsu, kuma babu abin da ya ragu a martabar aikin. Dokar da aka riƙe shekara da shekaru kamar ba ta taɓuwa, zaman majalisa ne ya warware ta, wanda ke nuna cewa tun farko ba a kan wata larura aka gina ta ba.

Tsarin mulkin 1999 bai bar wannan batu a duhu ba. Sashe na 38 ya ba kowa 'yancin addini har da bayyana shi a aikace, sashe na 42 ya hana nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda addininsa ko jinsinsa ko ƙabilarsa, sashe na 45 kuma ya yarda a taƙaita wasu haƙƙoƙi, amma sai da doka mai dalili, kamar tsaro ko lafiyar jama'a ko kare haƙƙin wasu. A kan wannan ne aka yi doguwar shari'ar hijabin 'yan makarantar gwamnati a Jihar Legas, wadda Babbar Kotu ta ba gwamnati gaskiya a 2014, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta soke hukuncin a 2016, sannan Kotun Ƙoli ta rufe maganar ranar 17 ga Yuni, 2022, da rinjayen alƙalai biyar a kan biyu, cewa hana hijabin take haƙƙi ne. A watan Maris na 2022 kuma Sufeto Janar Usman Alkali Baba ya amince mata 'yan sanda su sa ɗankwalin rufe kai a ƙarƙashin hular aikinsu. Sai dai hukuncin Kotun Ƙolin kan ɗalibai ne a makarantun gwamnati, bai shiga kai tsaye cikin ofishin banki ko otal ko kamfanin jirgin sama ba, inda manaja ke iya cewa kamannin da kamfaninsa ke son nunawa ke nan, wadda ba ta so ga ƙofa.

To, da wane ma'auni za a raba dokar da ke da hujja da wadda ba ta da ita? Mafi kyawun misalin da na sani ya zo ne daga Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Turai, a hukuncin da ta yanke a watan Janairu na 2013 kan wasu mata biyu Kiristoci 'yan Birtaniya, kowacce an hana ta rataya ƙaramin gicciye a wuya a wurin aiki. Ta farko, Nadia Eweida, ma'aikaciyar kamfanin jiragen British Airways ce mai tantance fasinja, kuma dalilin da kamfanin ya bayar shi ne yana son ma'aikatansa su fito iri ɗaya. Kotu ta ba ta gaskiya, ta ce ɗan gicciyen bai rage komai a aikinta ba, musamman tunda kamfanin ya riga ya yarda da rawanin mabiya addinin Sikh da hijabin Musulmi ba tare da sunansa ya zube ba. Ta biyu, Shirley Chaplin, ma'aikaciyar jinya ce a ɗakin tsofaffi, kuma asibitin ya ce majinyacin da hankalinsa ya gushe zai iya fizgar sarƙar ya ji mata ciwo ko ya ji wa kansa, ko kuma gicciyen ya taɓa buɗaɗɗen rauni. Ita kotu ba ta ba ta gaskiya ba. Abu iri ɗaya, rana ɗaya, kotu ɗaya, hukunci biyu, kuma dukansu daidai ne a ganina, domin a wuri ɗaya kwalliyar kamfani ce aka ɗora a kan sikeli, a ɗayan kuwa jikin majinyaci ne.

Ko inda larurar ta tabbata ma, mai son maslaha yana samun hanya. Asibitocin Ingila sun kafa ƙa'idar cewa mai taɓa majinyaci ya bar hannunsa a buɗe daga gwiwar hannu zuwa ƙasa don wankin hannu ya yi kyau, wannan ya takura wa mata Musulmi, sai aka fito da jagora a 2010 da ya yarda su sa hannun riga na leda wanda ake yarwa bayan an gama da kowane majinyaci. A 2019 kuma wani asibiti a garin Derby ya fara ajiye hijabin da ake sawa sau ɗaya a yar, domin masu shiga ɗakin tiyata, bisa shawarar wata matashiyar likita Musulma. An kiyaye tsabta, an kiyaye addini, kuɗin da aka kashe kuwa bai taka kara ya karya ba. Abin da ake bukata kawai shi ne shugaban da zai zauna ya tambayi kansa ainihin abin da dokar ke son karewa.

Wadda ta fi fito da batun aljihu da jiki fili ita ce Nicola Thorp. A watan Disamba na 2015 wani kamfanin samar da ma'aikatan wucin gadi mai suna Portico ya tura ta aikin karɓar baƙi a ofishin kamfanin akantoci na PwC da ke Landan. Ta je da takalmi mai kyau amma shimfiɗaɗɗe, aka ce mata ƙa'ida ita ce mace ta sa mai tsinin inci biyu zuwa huɗu. Ta ce yini za ta yi a tsaye tana raka baƙi, ta kuma tambaya ko maza ma an ɗora musu haka, aka sallame ta gida ba tare da ko kwabo ba. Takardar koken da ta buɗe ta samu sa hannun mutum fiye da 150,000, kwamitoci biyu na majalisar dokoki suka yi bincike suka fitar da rahoto a Janairu na 2017, inda mata suka ba da labarin yadda aka tilasta musu rina gashi, da sabunta kwalliyar fuska a kai a kai, da sa kaya masu nuna jiki. Gwamnatin Birtaniya ta ce dokar daidaito ta 2010 ta wadatar, ba ta yi sabuwa ba, amma a 2017 ɗin lardin British Columbia na Kanada da ƙasar Filifin sun hana tilasta wa mata takalmi mai tsini a wurin aiki. Likitocin ƙafa sun daɗe suna bayanin abin da irin wannan takalmi ke yi idan aka yini a kansa: nauyin jiki ya koma kan yatsu, gwiwa da ƙugu su ɗauki abin da ba nasu ba. Abin lura shi ne matsayin Nicola a ranar. 'Yar wucin gadi ce, ba ta da ƙungiya, ba ta da takardar aiki ta dindindin, kuma irin waɗannan su ne dokar sutura ta fi faɗa wa a ko'ina.

Mu ma nan haka abin yake. Wata ƙanwata ta yi aikin kwantaragi a wani banki, cikin masu fita neman kwastoma. Ranar da ta fara aka ba ta takarda mai ɗauke da launukan da aka yarda da su, da tsawon siket, da irin takalmi, da girman ɗankwalin da za a lamunta. Kafin albashin farko ya shigo sai da ta ci bashi ta ɗinka kwat kala uku, domin maimaita kaya a jere ma abin magana ne. Na sha ganin ta da yamma ta dawo, ta zauna a bakin tabarma ta zare takalmin a hankali, ta tsoma ƙafafunta cikin roba da ruwan ɗumi, bayan ta yini tana bin layukan kasuwa a kan tsini, tana tsallake kwata da buhuna. A jakarta kullum akwai silifas da babban mayafi, waɗanda take sawa a cikin Keke Napep, ta cire su a bakin get kafin ogan reshe ya gan ta. 'Yan kasuwar da take nema su buɗe asusu kuwa alhazai ne da hajiyoyi da suka fi sakin jiki da wadda ta zo musu cikin atamfa da mayafi. Wato ko ta fuskar ciniki dokar ba ta yi wa bankin amfani a wannan kasuwa ba, an dai rubuta ta ne a hedkwata, aka rarraba wa rassa daga bakin teku har bakin hamada ba tare da an tambayi kowa ba. A ƙasar da mafi ƙarancin albashi ya zama naira 70,000 a watan Yuli na 2024, duk dokar da ta ce ma'aikaci ya sayi wasu kaya na musamman da kuɗinsa, a gaskiya yanke masa albashi ce da ba a rubuta a takardar biya ba.

Maza ma ba su tsira ba, ko da yake nasu ya fi sauƙi. Kwat da laktaye a Sakkwato ko Maiduguri cikin bazara azaba ce, kuma tana jawo wata asarar, domin sai an ƙure na'urar sanyaya ɗaki, janareta na shan man dizal, kafin mai kwat ya iya zama. Japan, wadda ma'aikatanta suka shahara da kwat, ta gane haka tun 2005, lokacin da ma'aikatar muhalli a ƙarƙashin Yuriko Koike ta fito da shirin ajiye kwat da laktaye a watannin zafi, a tsayar da na'urar sanyi a digiri 28 don rage shan wuta. Mu da muke da kaftani da hula, waɗanda aka yi domin wannan yanayi, a kamfanoni da yawa sai ranar Juma'a kawai ake ba su izini, kamar dai kayanmu na hutu ne, na wasu kuma su ne na aiki.

Yanzu a juya a dubi ɗaya ɓangaren, inda dokar sutura take da cikakkiyar hujja. A tsaya a gaban duk wani babban gini da ake yi a garuruwanmu, a ƙirga leburori nawa ne ke da hular kwano. Za a ga yaro yana hawa tsanin katako da kwanon kankare a ka, ƙafarsa cikin silifas ko ma ba komai, hannuwansa sun tsattsage saboda siminti. Za a ga mai walda yana kare idonsa da tabarau na kasuwa, da dare ya kasa barci idon na zuba ruwa kamar an watsa masa yashi. Za a ga masu sharar asibiti suna ɗaukar kwandon da ke da allurai ba safar hannu mai kauri, da masu aikin jima da rini suna tsoma hannu cikin sinadari, da masu fasa dutse suna shaƙar ƙura ba takunkumi. Dokar Masana'antu ta Nijeriya ta wajabta wa mai masana'anta ya samar da kayan kariya inda aiki ke da haɗari ga jiki ko ido, kuma Nijeriya ta rattaba hannu tun 1994 a kan yarjejeniya ta 155 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, wadda ta faɗa ƙarara cewa matakan kare lafiya a wurin aiki ba za su ci kuɗin ma'aikaci ba. Amma a nan ne ake samun sassauci, a nan ne ake jin "ai sun saba" da "ko an ba su ba sa sawa". Kashiyar da ta zo da takalmi mara tsini za ta samu takardar gargaɗi kafin azahar, ɗan kwangilar da ya tura mutum hawa na huɗu ba hula ba igiya kuwa zai iya gama ginin bai ga mai duba aiki ko sau ɗaya ba. An bar jaki ana dukan taiki, kuma dalilin a bayyane yake: takalmin kashiya ita ke saye, hular lebura kuwa ɗan kwangila ne zai saya.

Adalci ya sa in faɗi abin da ya shafe mu, mu da muka fi ɗaga murya a kan hijabi. Hukumar yi wa ƙasa hidima, wadda aka kafa a 1973, ta daɗe tana tilasta wa mata sa wando a sansani, kuma akwai 'yan mata Kiristoci da aƙidarsu ta hana mace sa wando, waɗanda aka kora daga sansani saboda sun zo da siket, har sai da Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke hukunci a 2025 cewa hana su take haƙƙi ne. Haƙƙin da Firdaus ta tsaya a kai shi ne dai nasu, sashen tsarin mulki ɗaya ne, kuma abin da ya ci Doma ba ya barin Awe. Wanda ya yi murna da hukuncin hijabi ya kamata ya yi murna da na siket. Haka kuma mai kamfani a Kano ko Zariya da zai tilasta wa ma'aikaciyar da ba Musulma ba shigar da addininta bai ɗora mata ba, bayan ta riga ta fito cikin mutunci, ya aikata irin abin da muke kuka da shi. Maye gurbin kwat da kayan gargajiya da ƙarfin doka ma ba mafita ba ce, domin Shugaba Mobutu ya gwada haka a Zayar, wato Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango ta yanzu, ya hana kwat da laktaye tun farkon shekarun 1970, ya tilasta wata riga da ya zaɓa, kuma da aka ɗage takunkumin a 1990 mutane suka koma wa abin da aka hana su da gudu. Sannan akwai wuraren da suturarmu ce kanta ke da haɗari. Duk wanda ya san injin niƙa ya san abin da bel ke yi idan ya kama gefen mayafi ko hannun babbar riga, kuma mai injin da ya ce a ɗaure mayafi tamau ko a naɗe hannun riga kafin a matso bai taɓa addinin kowa ba, rai yake karewa.

Hanyar neman haƙƙi tana nan a rubuce. Tun gyaran tsarin mulki na 2010, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ke da hurumin sauraron ƙorafin nuna bambanci da rashin adalci a wurin aiki, har tana iya duba yadda ake yi a sauran ƙasashe. Sai dai ɗan kwantaragin da ake sabunta masa takarda duk shekara ya san cewa ranar da ya shigar da ƙara ita ce ranarsa ta ƙarshe a ofis, ga layin masu neman gurbinsa har bakin titi, shi ya sa ake haɗiye abin a yi shiru. Nauyin ya koma kan ƙungiyoyin ƙwadago, waɗanda idan sun zauna da masu kamfani albashi da alawus kawai suke tattaunawa. Ya kamata su riƙa neman a rubuta dalilin kowace ƙa'idar sutura a gefenta, a soke wadda aka kasa rubuta wa dalili, a kuma sa a yarjejeniya cewa duk kayan da kamfani ya wajabta launinsu da ɗinkinsu shi zai saya, kamar yadda zai sayi hular kwano da safar hannu. A ɓangaren kotu kuwa, shugabannin alƙalai suna da ikon fitar da umarnin gudanar da zaman kotunansu, kuma za su iya fara gwadawa da irin abin da Malawi ta yi: daga Maris zuwa saukar damina, a yarda lauya da alƙali su ajiye hular gashi da kwat, su tsaya da farar riga da baƙar riga mara nauyi a kai.